Gani Ya Kori Ji: Darasi Daga Rayuwar Marie Colvin

Ya ku 'yan'uwa ɗalibai, in aka tambayi yawancinmu a ƙungiyar 'yan jarida burinmu, sai mu ce a ji muryarmu a rediyo ko a ga fuskarmu a talabijin. Wannan ba laifi ba ne. Amma a ganinmu, abin da ke sa ɗan jarida ya ci sunansa shi ne zuwa ya gani da idonsa, kuma rayuwar Marie Colvin ta ishe mu hujja.

An haifi Colvin a New York ta Amurka a 1956. Ta shafe shekaru fiye da 25 tana aiko wa jaridar Sunday Times ta Ingila rahoto daga fagen yaƙi. A 1999, a Timor ta Gabas, 'yan bindiga suka yi wa harabar Majalisar Ɗinkin Duniya ƙawanya, inda mata da yara kimanin 1,500 suka fake. Yawancin 'yan jarida suka fice, ita kuwa ta ƙi tafiya. Ta ci gaba da sanar da duniya halin da ake ciki har aka kwashe mutanen.

A 2001, a Sri Lanka, fashewar gurneti ta raba ta da idonta na hagu. Ta rufe idon da baƙin ƙyalle, ta koma bakin aiki. Ranar 22 ga Fabrairun 2012, ruwan rokoki ya kashe ta a unguwar Baba Amr da ke birnin Homs na Siriya, tare da mai ɗaukar hoto Bafaranshe, Rémi Ochlik. A 2019, wata kotu a Amurka ta ɗora wa gwamnatin Siriya alhakin kisan.

Ta samu lambar yabo ta gwarzuwar wakiliyar ƙasashen waje a Ingila fiye da sau ɗaya. Amma ba lambar ce ta hana ta barin matan Timor ba. Ta san cewa in babu shaida, azzalumi yana yin abin da ya ga dama.

Wasu za su ce wannan ganganci ne, tunda rai ya fi labari. Gaskiya ne, kuma ba mu ce wani ɗalibi ya kai kansa ga halaka ba. Namu fagen ƙarami ne, amma ƙa'idar ɗaya ce. Kafin ka rubuta cewa rijiyar burtsatsen makaranta ta lalace, je ka duba. Kafin ka ce abinci bai isa ba, tambayi masu dafawa, ka ji ta bakin shugaban makaranta. Kada ka kwaso "an ce" daga WhatsApp ka manna a wannan allo, domin ƙarya ɗaya na iya zubar da mutuncin malami ko haɗa faɗa tsakanin ɗalibai.

Duk mai son shiga ƙungiyarmu, ƙofa a buɗe take. Ya zo da biro da littafi, da ƙafar zuwa ya gani.