DUNIYA DA FAƊI: Yini guda a kufan Angkor da kasuwannin Siyem Rep

Labarin yau daga ƙasar Kamboj ya fito, wadda wasu ke ce wa Kambodiya. Tana can gabas mai nisa, cikin Asiya, tsakanin Tailan da Lawos da Biyetnam. Mutanenta ana ce musu Kimer, da yawansu manoman shinkafa ne da masunta. Su ma Faransa ta mulke su, daga 1863 har 1953 da sunka samu ƴancin kai. A arewa maso yammacin ƙasar akwai wani gari mai suna Siyem Rep, kusa da shi kuma akwai kufan wani tsohon birni, Angkor. Kufan nan shi ne gonar garin, don baƙi daga ko'ina suna zuwa kallonshi, suna barin kuɗi.

Mai son zagaya wurin cikin yini guda jagora shike ɗauka. Jagoran ba ɗan kama-wuri ba ne: sai ya yi karatu, ya ci jarrabawa, hukuma ta ba shi takarda. Akwai masu jin Faransanci, akwai masu jin Ingilishi, da Sinanci, da Japananci. Tun kafin assalatu shike zuwa otel da moto mai jan ƴar amalanke mai rumfa. Sunan da Kimer sunka ba wagga amalanke daga Faransanci ya fito: rimok. Tun 2017 tikitin baƙo na yini ɗaya dalar Amurka 37 ne, watau sama da jika 20 na sefa. Na kwana uku dala 62. Ɗan ƙasa ba shi biyan ko sisi. A shekarar da anka ƙara kuɗin, an tsai da cewa dala 2 daga kowane tikiti za ta tafi asibitocin yara na Kantha Bopha, inda ake duba ɗiyan talakawa kyauta. Akwai kuma dokar sutura: wanda kafaɗunshi ko gwiwoyinshi ke waje, namiji ko mace, ana mai da shi daga ƙofa.

Dalilin sammakon shi ne a ga fitowar rana ta bayan Angkor Wat, babban ɗakin bautar da ke jikin tutar ƙasar. Sarki Suryavarman na 2, wanda ya hau sarauta a 1113, shi ya sa anka gina shi don addinin Hindu; daga baya mabiya addinin Budda sunka riƙe shi, har yau kuwa suna ibada a ciki. Ganuwar ruwa ta kewaye shi, faɗinta mita 190, tsawon filin kilomita ɗaya da rabi. Hasumiyar tsakiya ta kai mita 65. Babu siminti a ginin. Duwatsu ne anka sassaƙe, anka goga wani da wani har sunka zauna daram. An faso su daga tudun Kulen, tafiyar wajen kilomita 40, masana kuma sun gano hanyoyin ruwan da anka bi da su. Baƙi kan yi cunkoso bakin wani ɗan tabki, kowa da na'urar hotonshi sama, rana na fitowa a ɗauka a watse. Da yawansu ba su tsayawa su dubi zanen da ke jikin bango, alhali nan aikin shike.

Kafin rana ta yi zafi, jagora kan wuce da mutanenshi Angkor Tom, birnin da Sarki Jayavarman na 7 ya gina bayan ya hau a 1181. Kowane gefe na ganuwar kilomita 3 ne, tsayinta mita 8, ƙofofi biyar. A tsakiya akwai ɗakin Bayon mai manyan fuskokin dutse wajen 200, suna duban gabas da yamma, kudu da arewa. Amma abin da ya fi daɗin kallo shina ƙasa, jikin bangon waje. Magina sun sassaƙa zaman talakawa yadda shike: ga mata suna sai da kifi, ga masu dafa abinci, ga ƴan caca sun haɗa zakaru faɗa, ga mace tana naƙuda, ga amalanken shanu irin wanda har yanzu ake gani a ƙauyukan wurin.

A nan jagora kan kawo labarin wani manzon sarkin Sin, Zhou Daguan, wanda ya zauna birnin daga 1296 zuwa 1297, ya rubuta abin da ya gani. A faɗarshi, mata ke riƙe da ciniki. Kasuwa tana ci daga safe zuwa tsakar rana. Babu kantuna, tabarma ake shimfiɗawa a ƙasa, kowacce da wurinta, kuma ana biyan hukuma kuɗin wuri. Ƙaramin ciniki da shinkafa ake biya, matsakaici da ƙyalle, babba da azurfa ko zinariya. Ya ce kuma ana girbi sau uku ko huɗu a shekara.

Yaya anka yi haka? Da ruwa. Ƙasar tana da wata shida na damana, wata shida na rani. Sarakunan Kimer sun sa an tada gaɓa ta ƙasa, an yi manyan tabkuna masu kusurwa huɗu da ake kira baray. Na yamma, wanda anka yi a ƙarni na 11, tsawonshi kilomita 8, faɗinshi 2, kuma har yau da ruwa a ciki, manoma suna ban-ruwa da shi. Duk da hannu da kwando da fartanya anka yi shi. Daga tabkunan, hanyoyin ruwa sun ratsa gari da gonaki. A 2012 an auna wurin daga jirgin sama da wata na'ura mai hango ƙasa ta cikin duhun itatuwa, sai ga titina da unguwanni da ƙananan tabkuna da daji ya rufe. Masana sun ƙiyasta cewa a ƙarni na 13 mutanen birnin da kewayenshi sun kai 700,000 zuwa 900,000.

Sai dai ruwan da ya tada birnin shi ne ya taimaka wajen kada shi. Wani bincike da ya fito a 2010, wanda anka yi da zoben shekaru na cikin tsofaffin itatuwa, ya nuna an yi dogon fari a ƙarni na 14 da farkon na 15, a tsakani kuma ana samun damana mai ambaliya. Fari ya busar da tabkuna, ambaliya ta fasa gaɓa, ta cika hanyoyin ruwa da yashi. Aikin ya yi girma, gyaranshi ya gagara. A 1431 mayaƙan Ayutaya, daga Tailan ta yanzu, sunka ci birnin, fada ta koma kudu wajen Nom Pen. Yau ma maganar ruwa ba ta ƙare ba. Gine-ginen suna zaune kan yashi mai son laima, otel-otel na Siyem Rep kuwa sun haƙa rijiyoyin burtsatse masu yawa, abin da ya sa masana ke gargaɗi kada ƙasa ta lotsa. Hukumar APSARA, wadda anka kafa a 1995 don kula da wurin, ta gyara wasu tsofaffin hanyoyin ruwa, ta sake cika tabkin arewa.

Zango na uku Ta Prom ne, wanda Jayavarman na 7 ya keɓe wa uwarshi a 1186. An bar manyan itatuwa sun hau ginin, saiwoyinsu sun naɗe bango. Rubutun da ke jikin wani dutse a wurin ya ce mutum 12,640 ke hidima a ciki, ƙauyuka 3,140 ke ciyar da su. Jagora kan faɗi haka don baƙo shi yi mamakin arzikin sarki. Manomi in ya ji, lissafin buhunan da sunka fita daga rumbu zai fara yi. A yi wa sarkin adalci: shi ne ya gina asibitoci 102 a ƙasarshi. A bakin hanyar shiga, makaɗa suna zaune a inuwa, wani babu ƙafa, wani babu ido. Nakiyoyin da anka binne lokacin yaƙi sunka yi musu haka. Gumaka da yawa kuma babu kai, ɓarayi sun sare sun sai da waje. An fara mai do wasu: a ƙarshen 2023 wani babban gidan tarihi na Niyok ya yarda ya mai da guda 14.

Da azahar akan ci abinci a ƙauyen Preya Dak. Nan mai karatu zai ga abin da ya sani, giginya, ko da shike ƴar'uwar ta nan ce, irin ta Asiya. Su ruwan furenta suke tatsa. Da rani namiji kan hau da tsanin gora, shi yanka bakin furen, shi rataya gwangwani. Da safe a sauko da ruwan, mata su dafa shi cikin faffaɗar tukunya har shi yi kauri, a zuba cikin ƴan zobba na ganyen giginya. In ya daskare, kamar mazarƙwaila.

La'asar ta kasuwa ce. Yawancin jagorori Tsohuwar Kasuwa suke kai baƙi, Psar Cas, a tsakiyar gari bakin gulbi. Rumfunan gefe na baƙi ne: gyale, riguna, ƴan gumakan tsaraba. Da yawan kayan nan daga masana'antun Sin da Tailan da Biyetnam suke zuwa, ba hannun mutanen wurin ba, don haka ribar da ke zama ƙauye kaɗan ce. Mai son ganin kasuwar gaske sai shi ce a kai shi Psar Le, babbar kasuwar ƴan gari. Can mata ke zaune kan kayansu kamar yadda manzon Sin ya tarar, ga shinkafa iri-iri, ga ayaba da mangwaro, ga kifi ɗanye shina motsi cikin kwano. Kifin daga Tonle Sap shike, babban tabkin da ke kudu da garin. Da damana gulbin Mekong kan cika har ruwa shi juyo baya cikin tabkin, faɗinshi ya ninka sau huɗu ko biyar, kifi shi shiga daji shi hayayyafa. Da ruwa ya janye, wajen Disamba da Janairu, ake kama ƙanana, a sa gishiri, a rufe cikin tulu watanni. Sunanshi prahok. Shi ne daddawarsu: baƙo shina toshe hanci, mai gida kuwa miya ba ta yi mashi in babu shi.

Kuɗi iri biyu ke yawo, dalar Amurka da riyel na ƙasar, wajen riyel 4,000 a dala guda. Tsofaffin matan kasuwar sun ga zamanin da babu ko ɗaya. Daga Afrilu 1975 zuwa Janairu 1979, gwamnatin Jajayen Kimer ta Pol Pot ta soke kuɗi, ta rufe kasuwanni, ta kora mutanen birane gona da bakin bindiga. Mutum miliyan ɗaya da rabi zuwa biyu sunka mutu, da yunwa da ciwo da kisa, cikin wajen miliyan 8. Da kasuwa ta sake ci, da gwangwanin shinkafa anka riƙa ciniki, sai a 1980 riyel ya komo.

Cinikin baƙi ba shi da tabbas. A 2018 an sai da tikiti wajen miliyan 2.6, a 2021, shekarar annobar korona, bai kai 13,000 ba, jagorori da direbobi da yawa sunka koma gona, a 2024 ya ɗan haura miliyan ɗaya. Ga kuma wata damuwa. Filin da UNESCO ta sa cikin kayan tarihin duniya a 1992 ya kai murabba'in kilomita 400, da ƙauyuka sama da 100 a ciki. Daga 2022 gwamnati ta fara tada iyalai wajen 10,000 zuwa sababbin wurare, babbansu Run Ta Ek, tafiyar kamar kilomita 25. An ba kowane gida fili mita 20 bisa 30, da kwanon rufi, da shinkafa, da ɗan kuɗi. Gwamnati ta ce da son ransu sunka tashi, kuma don a tsare kufan ne. Ƙungiyar Amnesty International, cikin rahotonta na Nuwamba 2023, ta ce tilas anka yi wa da yawansu, sun kuma tarar da wurin babu isasshen ruwa da makewayi, har wasu sun ci bashi don gina ɗaki. Daga baya gwamnati ta ƙara hanyoyi da lakwal da gidan likita a can. Amma matar da ke soya ayaba a ƙofar Angkor Wat, da mai sai da ruwan kwakwa, abokan cinikinsu ba su bi su Run Ta Ek ba. Mai son ci gaba da sana'arshi sai shi sha man moto na kilomita 50 kullum, zuwa da komowa, kafin shi ga riyel na farko.