Ranar da Najeriya Ta Ɗaga Hannu a Kan Libiya

Duk lokacin da ake hirar yadda makamai suka cika yankin Sahel, sai ka ji an ce ai daga Libiya suka kwararo, a tsine wa NATO, a watse. Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne ba kasafai ake ƙarasa labarin ba. Ranar 17 ga Maris, 2011, da Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya ya zartar da ƙuduri mai lamba 1973, ƙasashen Afirka uku ne ke da kujera a zauren: Najeriya, Afirka ta Kudu da Gabon. Dukansu suka amince. Ƙuri'a 9 ake bukata, aka samu 10. Rasha da China da Jamus da Indiya da Brazil suka ƙaurace. Da biyu daga cikin namu sun noƙe, da ƙudurin bai wuce ba.

An ce mana za a hana jirage shawagi ne don kare fararen hula a Bengazi. Bayan kwana biyu jiragen Faransa suka fara luguden wuta. Kwamitin sulhun da Tarayyar Afirka ta kafa ya taru a Nuwakshot, aka hana shi shiga Libiya. Cikin mambobinsa har da Amadou Toumani Touré na Mali, wanda shekara guda bayan haka wutar ta ci kujerarsa. Kare farar hula ya rikiɗe ya zama farautar mutum ɗaya, har aka kashe Gaddafi a Sirte ranar 20 ga Oktoba.

Ba na cikin masu mayar da Gaddafi waliyyi. Iyalan fursunonin da aka kashe a kurkukun Abu Salim a 1996 suna da hakkinsu, 'yan Chadi ba su manta da yaƙin Aouzou ba, kuma shi ne ya ba da shawara a 2010 a raba Najeriya. To amma wanda zai rushe gidan maƙwabci, ai sai a tambaye shi inda katangar za ta faɗi.

A kanmu ta faɗi. 'Yan ci-ranin Nijar kusan 200,000 suka dawo ta Dirku da Agadez a kan manyan motoci, yawancinsu hannu rabbana, gidajen da ke jiran aikensu suka shiga halin ni-'yasu. Rumbunan makamai suka zauna a buɗe. A 2012 Kidal da Gao da Tumbuktu suka suɓuce wa gwamnatin Bamako, a Janairun 2013 Faransa ta shigo Mali da soja, wai ta zo kashe gobarar da ke da hannunta a ciki. A 2017 duniya ta ga bidiyon da ake cinikin baƙar fata a Libiya kamar a kara. Obama da bakinsa ya amsa a 2016 cewa rashin shirya wa abin da zai biyo bayan Gaddafi shi ne babban kuskurensa. Shi ya yi nadama daga Washington, mu muke binne gawa. Ita kuwa Libiya ta rabu tsakanin gwamnatin Tripoli da madugun soja Haftar, Turkiyya da Rasha da Masar da Daular Larabawa kowa na jan nasa.

Shi ya sa a Agustan 2023, da ECOWAS ta yi barazanar kai yaƙi Yamai bayan juyin mulkin Nijar, na ji daɗin yadda Majalisar Dattawan Najeriya da malamai da sarakuna suka taka birki. Shi ya sa kuma nake jin tsoro idan na ga matasa suna ɗaga tutar Rasha. Rashar nan tana da ikon hawa kujerar na-ƙi a 2011, ba ta hau ba.

Ina kira ga 'yan majalisarmu na Abuja da 'yan jarida: duk ƙuri'ar da jakadunmu za su kaɗa kan amfani da ƙarfin soja a wata ƙasar Afirka, ku matsa a bayyana wa jama'a dalilinta kafin a kaɗa ta.