In Aka Hana Izinin Gini, Kotu Ce Mafita

A shekarar 2012 Musulmin garin Basking Ridge da ke jihar New Jersey a Amurka suka nemi izinin gina masallaci a filin da suka saya. Hukumar tsara gari ta yi zama har sau 39 a kan buƙatar, daga ƙarshe ta ƙi amincewa a watan Disamba na 2015. Babban abin da aka yi jayayya a kai shi ne wurin ajiye motoci: hukumar ta nemi masallacin ya tanadi gurbin mota 107, alhali da ma'aunin da ake yi wa coci-coci aka bi, gurbi 50 ya wadatar.

Jama'ar nan ba su kafa tubali da dare ba, ba su kuma nemi wanda za su ba cin hanci ba. Sai suka garzaya kotun tarayya, suka dogara da wata doka ta shekarar 2000 da ta haramta nuna bambanci ga wuraren ibada wajen ba da izinin gini. A ƙarshen 2016 alƙali ya yanke cewa an nuna musu wariya. A watan Mayu na 2017 ƙaramar hukumar ta amince a gina masallacin, ta kuma biya dala miliyan 3.25.

 Abin da ya ba su nasara shi ne sun iya nuna wa alƙali cewa mudun da aka auna musu ba shi ake auna wa wasu ba.

Wannan darasi ya shafe mu. A Najeriya akwai dokar tsara birane ta 1992 wadda ta tanadi kotu ta musamman don sauraron ƙorafin wanda aka hana izini, sannan jihohi na da hukumominsu, irin su KNUPDA a Kano da KASUPDA a Kaduna. Amma sau da yawa magidanci ko kwamitin masallaci, in aka hana shi, sai ya ci gaba da gini yana cewa in an kai linta ba mai rusawa. Ranar da katafila ta iso, dukiyar marayu da sadakar bayin Allah ce ke komawa ƙasa.

Shari'armu ba ta san gini ba ƙa'ida ba. Malaman Malikiyya sun yi dogon bayani a kan haƙƙin hanya, da magudanar ruwa, da tagar da ke leƙa gidan maƙwabci. Ibnur Rami, maginin nan na Tunis da alƙalai ke neman shawararsa, ya wallafa littafi sukutum a kan hukunce-hukuncen gini tun ƙarni na 14. Tushensu guda ne: kada ka cuta, kada a cuce ka. Saboda haka in hukuma ta hana gini don ya tare hanya ko ya hau magudana, to ta yi daidai, ko da masallaci ne. Niyya kyakkyawa ba ta halatta cin haƙƙin jama'a.

Amma in hanin na son rai ne, ko na wariya, ko tarko ne na neman na goro, yin shiru ba haƙuri ba ne. A nemi dalilin hanin a rubuce. A duba wa'adin ɗaukaka ƙara tun da wuri, domin wanda ya bari ya wuce yakan rasa haƙƙinsa ko da shi ne mai gaskiya. A nemi lauya da masanin tsara gari kafin a zuba siminti.

Muna kira ga kwamitocin masallatai da makarantun Islamiyya su mallaki takardun filayensu, ga ɗalibanmu kuma su karanci wannan fanni, domin al'umma na buƙatar masu kare ta da ilimi. Allah Ya sa mu zama masu tsayawa a kan adalci, a kanmu ne ko a kan waninmu.