WANDA AKA ZALUNTA, SHI MA A BAR SHI YA ƊAUKAKA ƘARA!

Manoma da makiyaya, maza da mata, ku matso kusa ku ji wata magana da ba a faɗa muku a dandalin siyasa.

A ce 'yan fashi sun tare ɗanka a hanyar kasuwa, sun kashe shi, sun kore shanun. An kama mutane, an kai su Babbar Kotu. Ka sayar da hatsi ka yi kuɗin mota, yau a ɗaga, gobe a ɗaga, har damina uku. Ran nan sai alƙali ya ce shaida ba ta isa ba, ya sallame su. To, sai ka ce za ka ɗaukaka ƙara, ko ba haka ba? Sai a ce maka, Malam, ai kai ba ka cikin shari'ar nan. Kai shaida ne kurum. Ƙarar ta gwamnati ce.

Kun ji fa! Jinin ɗanka ne, amma ƙarar ta gwamnati ce.

Wannan ba zancen shaci-faɗi ba ne, a rubuce yake. Tsarin Mulki na 1999, sashe na 243, ya ba wanda ake tuhuma ikon zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara in hukunci bai yi masa daɗi ba. Wannan daidai ne, ba mu ja da shi. Amma ta ɓangaren wanda aka cuta, wuƙa da nama suna hannun masu gabatar da ƙara, kuma a bisansu akwai Antoni Janar. Sashe na 211 ma ya ba Antoni Janar na jiha ikon ya karɓe ƙarar laifi ko ya janye ta kafin a yanke hukunci. Wa ya naɗa shi? Gwamna. In wanda aka sallama ɗan gidan manya ne, kuna tsammanin lauyan gwamnati zai yi gaggawar sake tono maganar? In kuwa lauyan ne da kansa ya yi sakaci, bai kawo shaidu ba, bai kawo takardar likita ba, shi ne zai je kotun sama ya tona asirin kansa?

Ku tuna da Cif Bola Ige. Shi ne Ministan Shari'a na Nijeriya duka, aka shiga gidansa a Ibadan ran 23 ga Disamba 2001 aka harbe shi. An gurfanar da mutane, kotu ta sallame su, ba a ɗaure kowa a kan jininsa ba. Ba mu ce waɗanda aka sallama su ne ba, Allah ne masani. Amma in haka ta faru ga mai riƙe da shari'ar ƙasa, ina ga talaka na ƙauye?

Za su ce muku ai an yi doka a 2015 wadda ta ce kotu tana iya sa a biya wanda aka cuta diyya. Gaskiya ne. Amma sai an sami mutum da laifi tukuna. In an sallame shi, wa zai biya?

Za su kuma ce ba a yi wa mutum shari'a sau biyu a kan laifi guda. Mun sani, yana sashe na 36. Amma wannan sashen da kansa ya ce sai fa in kotun sama ta ba da umurni. Mu ba mu ce a ɗaure kowa don wani ya yi kuka ba. Mun ce a bar mai kukan ya isa gaban manyan alƙalai, su duba, in sallamar daidai ce su tabbatar da ita. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Kada wani ya ruɗe ku cewa ba a taɓa yi ba. Indiya ta yi. Majalisarsu ta gyara dokar shari'ar laifi a 2008, ta fara aiki ƙarshen 2009: wanda aka cuta, ko magajinsa in ya mutu, yana iya ɗaukaka ƙara in an sallami wanda ake tuhuma, ko an sauko da laifin zuwa ƙarami, ko diyyar ta yi kaɗan. A 2018 Kotun Ƙolinsu ta ce ba sai ya nemi izni ba ma. Da suka sake dokar a 2024, ba su cire wannan ba. Indiya fa, wadda ita ma dokar Ingilishi ta gāda kamar mu.

Kuma ƙofa a buɗe take a nan. Wannan sashe na 243 ya ce ana iya ɗaukaka ƙara ta hannun duk wanda doka ta ambata. Watau abin da ya rage shi ne 'yan majalisa su rubuta sunanka a ciki, su kuma sa a ba marar hali lauya kyauta, don ikon da ba ka da kuɗin binsa ba naka ba ne.

Saboda haka, duk ɗan takarar da ya shigo garinku neman ƙuri'a, kafin ya raba atamfa da sabulu, dattijo ɗaya ya miƙe ya tambaye shi a gaban jama'a: in ka je majalisa, za ka kawo wannan doka ko ba za ka kawo ba? Ku sa malamin makaranta ya rubuta amsarsa da kwanan wata, a ajiye takardar wurin mai unguwa har ranar zaɓe.