A Kwance Ɗamara Kafin A Kwanta

Duk wanda ya ratsa kasuwar Sabon Gari a 'yan shekarun nan ya ga wata irin ɗamara ta roba rataye a rumfuna, wadda mata ke saye don su matse ƙugu, su ɓoye teɓa. Ba mu da ja da kwalliyar ranar biki ko suna. Abin da ya dame mu shi ne, mun ji har cikin ɗalibanmu na kwalejin horon malamai akwai masu kwana da ita, wai haka ne ke narkar da kitse.

To, wannan zance ba shi da tushe. Roba ba ta narkar da kitse, sai dai ta tura shi gefe, da an kwance ta ya koma mazauninsa. Cutarta kuwa tabbas ce. In mutum ya kwanta da ciki a ɗaure, ruwan tsamin tumbi ya kan hau maƙogwaro, watau ƙwannafi, huhu kuma ba ya samun sararin cika da iska. Ga zufar daren bazara mai kawo ƙuraje, ga danne jijiya har cinya ta mutu. Mai barci kuwa bai san lokacin da ya kamata ya sassauta ba.

Masu jego su muka fi ji wa tsoro, domin su ne suka fi ɗaure ciki. A shekarun 1970 likitocin Jami'ar Ahmadu Bello ta Samaru suka bincika, suka tarar ciwon zuciya na bayan haihuwa ya yi yawa ƙwarai a ƙasar Zazzau, suka danganta shi da wankan jego da kwanan gado mai wuta da kunun kanwa. Alamarsa ita ce haki in an kwanta, da kumburin ƙafa. Mai jegon da ta kwana a ɗaure tana iya ɗora laifin hakin a kan ɗamara, har ta makara zuwa asibiti.

Wadda likita ya ɗaura wa bayan aiki ta bi umurninsa, wannan magani ne. Sauran kuwa, muna roƙon iyaye da mazaje da malamai mata su riƙa tuna musu su kwance ta kafin su kwanta, kada garin neman gira a rasa ido. Allah ya ba mu lafiya, amin.