Shin Halitta Ce Ke Sanyaya Zuciyar Ma'aurata?

Sau da yawa, in na gama lacca a kan ɗabi'un dabbobi, wani ɗalibi magidanci kan tsaya ya tambaye ni a asirce: "Malam, ashe nisan da ke shiga tsakanin miji da mata bayan shekaru halitta ce, babu laifin kowa?" Amsata ita ce, rabin zancen gaskiya ne, rabinsa kuwa fakewa da guzuma ne a harbi karsana.

Tabbas ƙwaƙwalwa tana da ɗabi'ar sabo. Abin da ya daɗe tare da mutum, jijiyoyi kan rage amsa masa, kamar yadda mai sayar da turare kan daina jin ƙanshin shagonsa. Sinadarin dofamin, mai haddasa ɗokin farkon soyayya, sabon abu ya fi motsa shi. An ga haka a ɓeraye da raguna: namijin da ya ƙosa da mace guda kan farfaɗo in an kawo masa wata.

Amma ilhami bai tsaya nan ba. A filayen ciyawa na Amurka akwai wani ƙaramin ɓeran jeji wanda mace da namiji kan zauna sheƙa ɗaya su yi reno tare. Binciken Sue Carter da Thomas Insel a shekarun 1990 ya nuna rawar da sinadaran oksitosin da basofiresin ke takawa wajen ƙulla wannan shaƙuwa. Ashe neman sabo ilhami ne, riƙon abokin zama shi ma ilhami ne.

Bugu da ƙari, a 2012 Bianca Acevedo da Arthur Aron sun wallafa sakamakon hoton ƙwaƙwalwar mutum 17 da suka yi kimanin shekara 21 da aure, masu cewa har yanzu suna matuƙar son juna da ma'auratansu. Da aka nuna musu hoton abokin aure, sashen dofamin ya motsa kamar na sababbin masoya.

Don haka, ya kai mai karatu, a ganina sabo yana rage ɗoki, amma sakaci ne ke haifar da nisa. Magidancin da ya raba dare a majalisar abokai, ya shigo gida babu hira babu raha, kada ya ɗora wa halitta laifi. Shaƙuwa tana bukatar zance da wasa da taɓa juna, kamar yadda shuka ke bukatar ban ruwa. Zo mu zauna, zo mu saɓa ne, in ji Bahaushe. Ni na fi jin tsoron gidan da ko saɓanin ma an daina, kowa ya kama gabansa cikin shiru.