Tun Ran Gini, Ran Zane: Abin da Mai Ƙirƙira Bai Rubuta Ba, Ba Nasa Ba Ne

A ɗauka wani mai gyaran waya a kasuwar Farm Centre da ke Tarauni ya ƙera caja mai aiki da hasken rana, ya shigar da takardar neman mallakar ƙirƙirarsa. Bayan wata huɗu sai ya gano cewa ƙara mata 'yar fanka zai hana ta ɗaukar zafi. Shin zai iya cusa fankar cikin takardar farko? A mafi yawan ƙasashe amsar ita ce a'a, kuma ina ganin wannan hani adalci ne.

Dalilin yana cikin kwanan wata. Dokar mallakar ƙirƙira ta Najeriya ta 1970 tana ba da haƙƙi ga wanda ya fara shigar da takarda, kuma kariyar shekara 20 tana farawa daga ranar shigarwa. Ciniki ne tsakanin mai ƙirƙira da al'umma: ya bayyana sirrinsa dalla-dalla, a hana kowa kwaikwayonsa na wani lokaci. Da za a bar shi ya riƙa ƙari daga baya, da ya sami damar ɗora tsohon kwanan wata a kan sabon tunani, har ya ƙwace abin da maƙwabcinsa ya riga shi ganowa a tsakanin.

Saboda haka sashe na 123(2) na yarjejeniyar Turai da sashe na 132 na dokar Amurka suka haramta gyaran da ke shigo da sabon abu. Tamu dokar, a sashe na 3, ta ce abin da mutum yake iƙirarin mallaka kada ya wuce iyakar bayanin da ya rubuta.

Masu suka za su ce wannan tsauri yana cutar da talakan maƙeri wanda ba shi da kuɗin lauya. Akwai gaskiya a ciki, musamman a Najeriya, inda ofishin rajista a Abuja yake duba cikar takardu kawai, ba ya tantance ingancin ƙirƙirar. Mutum zai iya riƙe shaida shekaru, sai ranar da rigima ta kai Babbar Kotun Tarayya, irin wadda ke Court Road a Gyadi-Gyadi, ya ji an soke ta domin iƙirarinsa ya zarce bayaninsa.

Amma maganin ba sassauta ƙa'ida ba ne, taimaka wa mai ƙirƙira ne tun a rubutun farko, aikin da hukumar NOTAP take yi kuma ya kamata ya iso kasuwanninmu. Ya rubuta kowane sashe na na'urarsa da kowace hanyar da za a iya sarrafa ta. Idan sabuwar dabara ta zo daga baya, doka ta yarda a yi wa ingantawa rajista ta daban, da nata kwanan watan. Sharaɗin shi ne ya shigar da ita kafin ya nuna wa duniya a Facebook ko TikTok, domin abin da jama'a suka riga suka gani ya daina zama sabo a idon doka.